Saura Kashi Ɗaya

Naira ɗari ne shiga rumfar Tambai,
hamsin in a bakin zana za ka tsaya.
Ni ba na biya.
Ni ke ja wa janareto igiya,
ni ke bubbuga cikinsa in ya fara tari.

Dare ashirin da ɗaya muna biye da su,
'yan leƙen asirin nan su biyar:
mai sanƙon da harsashi ke jin kunyarsa,
da siririyar da ke ratsa katanga
kamar zare a kunnen allura,
da yaron da ba ya magana sai ƙirga daƙiƙa.
Suna da wata ƙofa a ƙarƙashin tashar jirgi,
ka murɗa hannunta hagu, ka faɗa jiya,
ka murɗa dama, ka tarar da jikokinka
a kan rufin bene, teku ta kai musu wuya.

Mai fassara ya ce, da muryarsa ta mura,
"To jama'a, duniya fa ta tashi!"
Aka kwashe da dariya.
Malam Nomau ya tsirtar da goro ya ce,
"Ƙarya fure take, ba ta 'ya'ya."
Amma shi ke riga kowa kama benci.

Sau bakwai suna komawa baya.
Su toshe nan, can ta ɓalle.
Su ceci wani, ashe shi ne zai buɗe madatsa.
Hantsi mai awara ba ta taɓa shiga ba,
in mun fito sai ta ɗaga matsami ta ce,
"Yau dai sun gyara ta?"
Mu ce da saura.
Ta ce, "Allah Ya ba su sa'a, 'ya'yan mutane."

Abin da ban faɗa wa kowa ba:
ni ma ina da ranar da na ware.
Laraba ce, bara, bayan la'asar,
ruwa ya shigo Auyo ta gabas
ba sallama, launinsa kamar kunun kanwa.
Mun riga mun hau tudu.
Cindo ya tuna akuya na ɗaure a turke.
Ya ce in riƙe masa takalmi.

Da za a ara mini ƙofar nan
ba teku zan tare ba, ban kai ba.
Da asuba zan je
in kwance akuyar kawai,
in koma in kwanta kusa da shi
in ji yana minshari.

Takalman suna nan a ƙarƙashin gadon Inna.
Sun yi mini kaɗan.

Yau ne kashi na ƙarshe.
Tambai ya ƙara ashirin a kuɗin shiga,
na tace mai da hular sanyi, lita biyu cur.
Siririyar ta kama hannun ƙofa,
yaron ya buɗe baki karon farko,
rumfa ta yi tsit har ana jin sauro,
sai ga muryar sanƙira daga bakin kasuwa:
jinga ta fara yoyo wajen gonar Barmo,
kowane namiji ya fito da buhu da shebur.

Ba wanda ya ce a kashe.
Benci ya kife, aka tattake takalmin wani.
Malam Nomau ya naɗe babbar riga a kafaɗa,
Hantsi ta juye awara a kwano
ta miƙo buhun wakenta, ko kakkaɓewa ba ta yi ba.

Ni na fita a ƙarshe.
Na danna, hoto ya tsaya cak:
hannu a kan ƙofa,
ba a san hagu ko dama ba.
Na ce musu ku jira mu.
Na kashe inji don kada mai ya ƙone a banza,
na bi hasken tocila zuwa bakin kogi,
laka tana tsotsar ƙafata,
ina ƙirga buhu.